Ranar Wanka Ba A Ɓoyon Cibi: Abin Da Ke Biyo Bayan Ɓatan Lasisin Tuƙi A Nyanya

Kafin gari ya waye tangaran, ƙarƙashin gadar Nyanya ya riga ya ɗinke da jama'a. 'Yan kamasho na ta kiran lodi, wannan na cewa Wuse, wancan na cewa Garki, na can gefe na kiran Sakateriya. Ga ma'aikatan gwamnati da jakunkunansu, ga leburori da shebur a kafaɗa, ga mata masu abincin sayarwa da kulolinsu, kowa ya zuba wa hanyar Keffi ido. Da mota ta rage gudu, sai a yi mata caa.

A wannan turereniya ta bakin ƙofar mota ake raba mutum da walat ɗinsa, bai ji ba bai gani ba. Sai an wuce Kugbo, an kama hawan da ke kai wa shataletalen AYA, kwandasta ya miƙo hannu, sannan mutum zai shafa aljihu ya ji wayam.

Abin da ke fara faɗo masa a rai shi ne kuɗin. Daga nan sai katin cirar kuɗi, ya ari waya ya kira banki a rufe. Sai hankali ya ɗan kwanta yake tuna cewa lasisinsa na tuƙi ma yana ciki.

Ga mai aikin ofis, wannan ɗawainiya ce da za ta ci masa kwana biyu ko uku. Ga direban haya kuwa, jarinsa ne ya tafi. Kuma a cikin kwanakin da ke biyo baya ne mutane da yawa ke gano wani abin da ba su taɓa zato ba game da katin da suka shekara suna yawo da shi.

Garin da ke ciyar da Abuja da ma'aikata

Nyanya tana bakin iyakar Babban Birnin Tarayya da Jihar Nasarawa, ƙarƙashin Ƙaramar Hukumar Birni ta Abuja. Taku kaɗan daga gadar, mutum ya shiga Mararaba, ya bar ikon Abuja ya faɗa na Lafiya, ba tare da ya ga wani bambanci a ƙasa ba.

Asalin wurin na Gwarawa ne. Bayan da gwamnatin Janar Murtala Muhammad ta yanke shawarar kafa sabon babban birni a 1976, sai aka gina gidajen wucin-gadi a Nyanya domin ƙananan ma'aikata da masu aikin gine-gine. Wucin-gadin nan ne ya zama dindindin. Da gwamnati ta tare a Abuja a Disambar 1991, sannan rusau na shekarun 2003 zuwa 2007 ya kori talakawa daga tsakiyar birni, sai jama'a suka yi ta kwarara zuwa Nyanya, Karu, Jikwoyi, Kurudu, Mararaba da Masaka, inda kuɗin haya ke da dama-dama.

Ga shi kuma hanya ɗaya ce tal babba ke haɗa waɗannan garuruwa da tsakiyar birni. Tafiyar da ba ta wuce minti ashirin ba idan hanya a sake take, takan ci awa biyu da safe, ta ci wasu biyun da yamma. Dubban magidanta ne ke cin abinci a kan wannan hanya: direbobin bas da na tasi, 'yan kabu-kabu, masu Keke Napep, 'yan acaɓa, da direbobin gidajen manya da ke sammako su tafi Asokoro ko Maitama su karɓi makulli.

Mazauna Nyanya ba su manta da safiyar 14 ga Afrilun 2014 ba, ranar da bam ya tashi a tashar mota ya hallaka mutum fiye da 70, aka kuma sake tayar da wani a ranar 1 ga Mayu. Tun daga lokacin shingayen bincike suka ƙaru, tambayar "ina shaidarka?" ta zama ruwan dare. A irin wannan gari, katin da ke ɗauke da hoton mutum da sunansa ya wuce izinin riƙe sitiyari kawai.

Yadda katin ke salwanta

'Yan sane su ne kan gaba. Wuraren cin kasuwarsu sanannu ne: bakin mota lokacin rububi, kan gadar masu tafiya da ƙafa, da kuma kasuwar Laraba, ranar da 'yan tireda ke cika gefen titi har ba masaka tsinke.

Sai 'yan fashin da ake kira "wan-cans", masu ɗaukar fasinja a motar da ta yi kama da ta haya, su ƙwace masa waya da walat, wani lokaci su tilasta masa faɗin lambar sirrin katinsa, sannan su wurgo shi a gefen hanya. Wannan annoba ta daɗe tana addabar Abuja, kuma hanyar Nyanya na cikin inda aka fi kuka da ita.

Ba kullum ne ɓarawo ke da laifi ba. Akwai katin da ya bi wando zuwa wurin wanki. Akwai wanda aka manta a cikin injin fotokwafi. Akwai direban da ya ajiye nasa a aljihun motar ubangidansa, aka sallame shi ba shiri, mota ta tafi da kati. Akwai gobarar kasuwa da ambaliyar damina.

Akwai kuma kashi na ƙarshe, wanda ba a cika faɗa da ƙarfi ba: katin da jami'i ya karɓa saboda wani laifin hanya, direba ya ga tarar ta fi ƙarfinsa, sai ya bar shi can, ya je ya ce ɓata ya yi. Lauyoyi na jan kunne a kan wannan, domin rantsuwa a kan ƙarya a gaban kotu laifi ne mai zaman kansa, wanda ya fi laifin farkon nauyi.

Kati ɗaya, hukumomi uku

Kafin a fahimci wahalar sake katin, sai an san masu hannu a cikinsa.

An kafa Hukumar Kiyaye Haɗurra ta Ƙasa, wato FRSC, a 1988 zamanin Janar Ibrahim Babangida, Farfesa Wole Soyinka ne shugabanta na farko. Kafin zuwanta kowace jiha da irin nata lasisin, mutum ɗaya na iya mallakar uku ko huɗu, idan an ƙwace na nan ya zaro na can. Hukumar ce ta ɗauki aikin mayar da shi bai ɗaya a faɗin ƙasa.

Babban sauyin ya zo a 2011, lokacin da Osita Chidoka ke jagorantar hukumar, inda aka ƙaddamar da sabon lasisi mai haɗe da hoton fuska da tambarin yatsu, ana adana bayanan kowa a rumbu ɗaya. Daga baya aka wajabta haɗa shi da lambar ɗan ƙasa ta NIN.

Sai dai ba FRSC kaɗai ke da ta-cewa ba. Ita ke ɗaukar bayanai ta buga katin. Jami'an duba motoci, waɗanda kowa ya sani da VIO, su ke gwada direba su tabbatar ya iya. Hukumar tara kuɗin shiga ta jiha kuma ita ke da alhakin kuɗin da bayar da katin. A Abuja, aikin VIO yana hannun Hukumar Kula da Zirga-zirgar Ababen Hawa ta birnin, mai hedikwata a Mabushi.

Ma'anar wannan tsari a sauƙaƙe ita ce: ainihin lasisin mutum yana cikin kwamfutar gwamnati, katin da ke aljihu shaida ce kawai. Ɓarawo ya ɗauki roba, amma bai ɗauki izinin ba. Shi ya sa wanda nasa ya ɓata ba ya komawa makarantar koyon tuƙi, ba sabon lasisi zai nema ba, sake buga masa na da za a yi.

Daga caji ofis zuwa kotu

Matakin farko shi ne kai rahoto ofishin 'yan sanda mafi kusa da inda abin ya faru. Za a rubuta a littafin rahoto, a ba mutum takardar da ke nuna ya kai cigiya. A 'yan shekarun nan rundunar 'yan sanda ta buɗe shafin intanet mai suna POSSAP, inda ake neman irin wannan takarda a biya kuɗinta ta banki.

A nan mazauna bakin iyaka kan fara cin karo da matsala. Wanda ya hau mota a Mararaba ya gano asararsa a Nyanya, a ina aka yi masa satar? Wani lokaci sai an yi ta turo shi daga wannan ofis zuwa wancan, saboda rundunar Abuja da ta Nasarawa daban-daban ne.

Mataki na biyu shi ne kotu, inda zai yi takardar rantsuwa, wadda aka fi sani da afidabit, a gaban jami'in da doka ta ba ikon rantsarwa. A ciki zai faɗi sunansa, da lambar lasisin, da yadda ya ɓata.

Na uku shi ne shafin intanet na lasisin tuƙi na ƙasa. Akwai sashen sabon nema, akwai na sabuntawa, akwai kuma na sake bugawa, wanda shi ne na wanda katinsa ya ɓata ko ya lalace. Abu biyu shafin zai fara tambaya: lambar lasisi da ranar haihuwa. Idan sun dace da abin da ke rumbu, sai bayanan mutum su fito, ya zaɓi cibiyar da zai je, ya biya, ya buga takardunsa.

Daga nan sai cibiyar lasisi, inda za a tantance biyan kuɗin, a duba takardu, a tabbatar shi ne mai hoton da yatsun. Idan komai ya yi daidai, za a ba shi lasisin wucin-gadi mai wa'adin kwana 60, kafin na dindindin ya fito.

A takarda, hanya ce miƙaƙƙiya. A ƙasa kuwa, tun a tambayar farko ake zubar da mutane da yawa. Mutum nawa ne suka haddace lambar lasisinsu? Wanda bai taɓa yin fotokwafi ba, bai kuma ɗauki hoton katin a waya ba, sai ya je cibiya ya roƙi a lalubo masa da suna da ranar haihuwa. Idan kuma ranar haihuwar da ke lasisin ta saɓa da ta NIN, ko an rubuta Muhammad a nan an rubuta Mohammed a can, to wani sabon zagaye ne ya buɗe.

Kuɗin da ke rubuce da wanda ba a rubuta ba

Hukumar Haɗin Gwiwa ta Haraji ce ta riƙa yanka farashin lasisi. A tsakiyar 2025 ta ɗaga shi zuwa kusan Naira 15,000 na shekara uku da Naira 21,000 na shekara biyar ga masu mota, masu babur da Keke Napep kuma ƙasa da haka. Abin da mai neman a sake masa kati zai biya yana fitowa a shafin, kuma asusun gwamnati ake biya, ba hannun mutum ba.

Amma duk wanda ya bi layin ya san lissafin bai tsaya nan ba. Akwai kuɗin takardar 'yan sanda, da na afidabit, da na mai shagon intanet da zai cike fom, da na fotokwafi da hoto. Akwai kuɗin mota, wanda ya ninka tun bayan cire tallafin man fetur a Mayun 2023. Akwai kuma ɗan "na goro" da wasu ke nema kafin fayil ya motsa daga wannan tebur zuwa wancan, abin da hukumomin kansu ke cewa haramun ne, a kai musu ƙara.

Mafi tsada duka shi ne lokaci. Direban haya da ba motarsa ba ce, dole ya kai wa mai mota balas kowace yamma, ko ya yi aiki ko bai yi ba. Yinin da ya yi a caji ofis, da wanda ya yi a kotu, da wanda ya yi a cibiya ana ce masa "babu netwok", duk daga bakin iyalinsa aka cire su. Idan ya ce zai ajiye motar har sai ya kammala, kafin ya dawo an miƙa wa wani makulli.

Wannan ne ke jefa shi hannun 'yan cuwa-cuwa.

Ranar wanka

Ba a neman su, su ke neman mutum. Suna bakin ƙofar ofisoshi, suna tasha, suna shagunan buga takardu. Maganarsu ɗaya ce: kawo hoto da kuɗi, ka je ka ci gaba da aikinka, nan da kwana uku ka zo ka karɓa.

Ba dukansu ne macuta ba. Wasu suna bin hanyar da ta dace, ladan wahalarsu kawai suke ɗorawa, kuma dole su kai mutum cibiya da ƙafarsa. Amma wanda ya yi alkawarin kati ba tare da mai shi ya taɓa zuwa an ɗauki hotonsa da yatsunsa ba, to abin da zai kawo roba ce mai kyan gani, wadda rumbun gwamnati bai san da zamanta ba. FRSC ta sha nanata cewa duk lasisin da aka samu ba tare da mai shi ya bayyana an ɗauki bayanansa ba, na bogi ne.

A nan ne ɓatan kati ke zama ranar wanka. Direba ya shekara uku ko biyar yana nuna katinsa a shinge ana ɗaga masa hannu. Ranar da ya ɓata, ya zo da fotokwafinsa da ƙarfin gwiwa, mai shagon intanet ya shigar da lambar, kwamfuta ta ce ba ta san ta ba. Ko kuma ta fito da sunan wani da hoton wani.

Daga wannan lokaci ba batun sake bugawa ake yi ba. A idon doka, mutumin nan bai taɓa mallakar lasisi ba. Sai ya koma farko: rajista a makarantar koyon tuƙi da hukuma ta amince da ita, takardar izinin koyo, gwajin ido, gwajin VIO. Mutumin da ya yi shekara ashirin yana jan mota tsakanin Nyanya da Kano, sai ga shi a layi ɗaya da yaron da bai san giya ta ɗaya ba.

Da yawa daga cikinsu ba su san jabu suke riƙe da shi ba. Sun ba wani amintacce kuɗi, ya kawo musu kati, sun gode masa. Wanda ya cuce su kuwa ya daɗe da sauya lambar waya.

Akwai wata dabarar da ita ma ba ta ɓullewa. Wani idan ya kasa tuna lambarsa, sai a ba shi shawarar ya nemi sabo fil, ya ɗan sauya suna ko shekarar haihuwa. Amma yatsu ba sa ƙarya. Idan na'ura ta gano yatsun nan suna da mai su a rumbu, sai aikin ya cije, kuɗin kuma sun tafi.

Jiran na dindindin

Wanda ya tsallake duk waɗannan ramuka ma bai gama ba. Kwana 60 na wucin-gadin kan cika, katin bai fito ba. Mutum ya koma cibiya, a buga masa tambarin ƙarin wa'adi, ya tafi, ya sake dawowa. Akwai lokutan da jama'a suka yi wata shida har shekara suna wannan safa da marwa.

FRSC ba ta musanta ba. A ƙarƙashin shugabanta Shehu Mohammed, wanda ya karɓi ragama a 2024, ta amince cewa katunan da ba a buga ba sun taru har dubu ɗaruruwa, ta kuma ce ta inganta injinanta domin buga dubbai a kowace rana.

Sai dai ita ma tana da nata ƙorafin. Ta sha bayar da sanarwar cewa katuna masu ɗimbin yawa suna jibge a cibiyoyin jihohi, an buga, masu su ba su zo sun karɓa ba. Jami'ai na ɗora laifin kan masu bayar da lambar waya ta ɗan cuwa-cuwa maimakon tasu, saƙo ya je inda bai dace ba.

Direbobi kuma na cewa wanda ya yi zuwa huɗu ana ce masa bai fito ba, ba zai yi na biyar ba. Ga mazaunin Nyanya da ke sauya gida duk lokacin da mai gida ya ƙara haya, yau yana Jikwoyi gobe yana Masaka, komawa cibiyar da ya fara zuwa ma aiki ne.

A bakin titi

Tambayar da ta fi damun direba ita ce: tsakanin ranar da kati ya ɓata da ranar da za a ba ni na wucin-gadi, in fita ko in zauna?

Amsar doka ba ta da kwana-kwana. Takardar 'yan sanda da afidabit shaida ce cewa kati ya ɓata, amma ba izinin tuƙi ba ne. A jadawalin laifuffukan FRSC, tarar laifin lasisi Naira 10,000 ce. Wani jami'in kan duba takardun ya yi sassauci, musamman idan akwai fotokwafi ya kuma tantance lambar, wani kuma ya rubuta tara. Jami'an na kafa hujja da cewa da za a karɓi "ya ɓata" a matsayin uzuri, da babu wanda zai sake yin lasisi a ƙasar nan.

Na wucin-gadin kuwa halastacce ne muddin wa'adinsa bai ƙare ba. Rigimar na tasowa ne idan ya ƙare saboda jinkirin da ba laifin direba ba. Shi yana ganin gwamnati ce ta gaza, jami'in da ya tare shi kuma kwanan watan da ke jikin takarda kawai yake gani.

A Oktoban 2024 wata Babbar Kotun Tarayya a Abuja, ƙarƙashin Mai Shari'a Evelyn Maha, ta yanke hukuncin cewa jami'an VIO na birnin ba su da hurumin tare motoci, ko kama su, ko cin tarar direbobi a kan hanya. Direbobi sun yi murna, amma wasu sun yi wa hukuncin gurguwar fahimta. Bai soke wajabcin riƙe lasisi ba, bai kuma ɗaure hannun FRSC ko 'yan sanda ba.

Shugabannin tasha, musamman na ƙungiyar direbobi ta NURTW, su ke tsakiya. Su ake kira idan an kama ɗansu, su ke zuwa ba da haƙuri. Abin da suka fi nema shi ne a riƙa kawo musu aikin kusa, a ware musu rana a tasha, maimakon kowane direba ya kashe yini yana bin ofisoshi.

Idan katin ya faɗa mugun hannu

Galibin 'yan sane kuɗi da waya suke so. Sukan zare abin da za su zara su jefar da walat a kwata. Shi ya sa ba a rasa katunan tsintuwa maƙale a allon masallaci, ko a ofishin ƙungiya a tasha, ko a teburin caji ofis. Kafin mutum ya fara kashe kuɗi, yana da kyau ya zagaya waɗannan wurare, ya kuma bar cigiya wurin 'yan kamasho.

Amma ba kowane kati ke ƙarewa a kwata ba. Lasisin tuƙi na cikin shaidun da bankuna ke karɓa, ana hawa jirgin sama na cikin gida da shi, ana kama ɗakin otal da shi. Yana ɗauke da suna, da hoto, da ranar haihuwa, da adireshi. Ɗan damfara na iya tura hotonsa ga wanda yake son ya yaudara domin ya yarda da shi. Ana kuma iya yar da shi a wurin da aka aikata laifi.

A irin wannan rana, takardar da mutum ya ga kamar ɓata lokaci ce ita ke cetonsa. Rahoton da aka rubuta da kwanan wata a caji ofis shi ne zai nuna cewa tun kafin abin ya faru katin ya bar hannun mai shi. Wanda ya yi shiru ya ce "Allah ya isa" kawai, ba shi da abin nunawa.

Ina mafita?

Tunda ainihin lasisin yana cikin kwamfuta, masu bibiyar harkar na tambayar dalilin da zai sa rayuwar direba ta tsaya cik saboda ɓatan roba. A Indiya, tun 2018 gwamnati ta umarci jami'an hanya su karɓi lasisin da aka nuna a waya ta manhajar DigiLocker tamkar katin hannu. A Najeriya ma jami'i na iya tantance lamba a rumbu daga bakin titi. Abin da ya rage shi ne a fito fili a ba wannan tantancewa matsayin doka, kowa ya san inda ya tsaya.

Masu taka-tsantsan na cewa ba kowane direba ke da babbar waya ba, netwok kuma ba shi da tabbas, ga shi ɓarawon da ya ɗauki walat yakan haɗa da wayar. Gaskiya ne. Amma lamba da yatsa ba sa buƙatar wayar direba, ta jami'i ta wadatar.

Sauran gyare-gyaren ba su da wuyar faɗa: a haɗa rantsuwa da biyan kuɗi da ɗaukar bayanai a rufi ɗaya, a liƙa farashi a bango da manyan baƙaƙe cikin Hausa da sauran harsuna, a kuma sa wa'adin na wucin-gadi ya ci gaba da aiki har ranar da na dindindin ya fito.

Kafin gwamnati ta yi nata, akwai abin da bai fi ƙarfin kowa ba. Mutum ya yi fotokwafin katinsa gaba da baya ya ajiye a gida. Ya tura hotonsa ga matarsa ko ɗan'uwansa. Ya raba shi da walat ɗin kuɗi. Ya bayar da lambar wayarsa ta kansa a fom. Mafi muhimmanci, ya sa a duba masa lambar a rumbu yau, tun katin yana hannunsa, ya san matsayinsa.

Gobe da asuba gadar Nyanya za ta sake cika, 'yan kamasho za su kira Wuse da Garki, 'yan sane ma za su yi sammako kamar kowa. A cikin waɗanda za su shafa aljihu su ji wayam, wani zai yi salati ya kira gida ya ce a duba masa ƙarƙashin katifa a karanto masa lamba. Wani kuma sai a ranar zai fara neman mutumin da ya karɓi kuɗinsa shekara huɗu da suka wuce.